Ranar da zuciyar Autarmu ta tsaya a tsakar gida

Kwana 33 da haihuwarta ranar, ban manta ba don saura sati ɗaya cif a yi arba'in ta koma ɗakinta, har Umma ta fara haɗa mata su yaji da garin kunu. Ƙanwata ce uwa ɗaya uba ɗaya, ita ce autarmu, haihuwar fari, to kamar yadda aka saba gida ta dawo wanka. Ni kuma na zo na tare a gidan saboda an yi hutun makaranta, kuma ƙafafun Umma sun fara hana ta ɗawainiyar ruwan zafi safe da yamma. A Kano ne, watan Disamba na 2022, sanyi ya sauko ga hazo ko'ina.

Maganar gaskiya ciwon nan bai zo mana bagatatan ba, mu ne dai bamu gane ba. Tun wajen sati ɗaya bayan suna ƙafafunta suka fara kumbura, in ka danna da yatsa sai wurin ya lotsa ya daɗe bai ciko ba, ga tari da daddare, in ta miƙe a katifa sai numfashi ya gagare ta sai ta tashi zaune ta jingina da filo har uku, daga ɗaki zuwa banɗaki ma sai ta tsaya a hanya ta dafa bango tana haki. Duk wadda ta shigo barka da nata bayanin, wannan tace sanyi ne ya shige ta a ƙara wa ruwan wanka zafi, waccan tace ai jego ya gaji haka, Gwaggo ƙanwar babanmu tace kunun kanwa ne bata sha yadda ya kamata shi yasa jikin ya ƙi saki, aka ƙara mata kofi. Ni da nake koyar da yara a makaranta nima cewa nayi gajiya ce da rashin bacci tunda yaron mai kukan dare ne. Wallahi har yau abin nan yana cina a rai.

Bayan la'asar ne. Ta gama ba yaron nono ta miƙo min shi, ta tashi zata ɗauki buta, taku uku ko huɗu tayi naji tace "Yaya, jiri" shikenan ta zube. Ba irin faɗuwar mai suma ba da zaka ga yana laluben abin dafawa, a'a, kamar an tsinke igiyar shanya kaya sun zubo. Jikinta ya fizga sau biyu zuwa uku, ido ya kakkafe. Gwaggo tace iska ce, ai dama mai jego bata fita tsakar gida da yamma ba ɗankwali, aka kinkime ta muka kai ta kan katifa, wata ta yanko albasa tana kai mata hanci, ni ina yayyafa mata ruwa, Umma ta ɗau mafici tana fifita tana salati, wata yarinya ta kunna ruƙiyya a waya. Duk abin da muka sani kenan kuma duk munyi shi da zuciya ɗaya.

Can sai tayi wani irin jan numfashi mai ƙara, baki a buɗe kamar kifin da aka fiddo daga ruwa, sai shiru, sai an jima ta sake. Umma tace Alhamdulillahi tana numfashi. Gwaggo kuwa da ta zauna a kan masu cikawa da yawa ta girgiza kai tace wannan gargara ce, a miƙo mata cokali da ruwa, ta kuma jawo zane ta ajiye kusa da ita. Na gane abin da zanen nan yake nufi, nan na fasa ihu.

Ihun nan ne ya tashi maƙwabciyarmu daga bacci, ma'aikaciyar jinya ce tana haya a gidan da ke jikin namu, Sista kowa ke ce mata, ta kwana a wajen aiki ta dawo tana ramuwa. Ta shigo ba takalmi, hijabi a juye. Bata tambayi kowa komai ba, ta bubbuga kafaɗar Auta da ƙarfi tana kiran sunanta, ta kalli ƙirjinta, ta sa yatsu biyu a gefen wuyanta, duk wannan ko daƙiƙa 10 bai kai ba, sai tace "ku sauko min da ita ƙasa, yanzu!" Mu da muka ɗora ta a katifa don ta ji taushi. Ita da kanta ta kama zanin gadon muka ja ta har kan siminti. Ta nuna ɗan Gwaggo da yatsa tace kai kira 112, lambar kiran gaggawa, ta nuna almajirin gidanmu tace kai ruga ka samo mota mai buɗaɗɗen baya ko ta waye, kowa da aikinsa ba wai "a kira mota" ba da kowa zai tsaya yana kallon ɗan uwansa.

Ta durƙusa ta yage gaban rigar, ta ɗora gindin tafin hannunta a tsakiyar ƙirjin daidai kan ƙashi, ta ɗora ɗaya hannun a kai ta sarƙe yatsu, gwiwar hannu a miƙe sambal, ta fara dannawa da nauyin jikinta duka tana ƙirga da ƙarfi. Jama'a ni ban taɓa ganin an danna ƙirjin ɗan adam haka ba, yana lotsawa yana tasowa da sauri da sauri, ruwan nono yana fita yana jiƙa hannun Sista, can muka ji ƙas, ƙarar ƙashi. Gwaggo ta yi kanta ta riƙe mata hannu tace "ke yarinya ki ji tsoron Allah, ɗanyen jiki ne da ita, ki barta ta cika cikin salama mana."

Sista bata ɗago ba kuma bata tsaya ba, tana dannawa tana magana numfashinta na sarƙewa, "Gwaggo ki matsa kusa da kunnenta ki yi ta yi mata kalmar shahada ban hana ba, amma dan girman Allah kar a ɗiga mata ruwa huhu zai tafi, kuma ki sakar min hannu, haƙarƙari yana ɗoruwa." Umma ce ta raba gardamar, muryarta na rawa tace "Yaya ki ƙyale ta tayi." Haka kuwa aka yi, Gwaggo na kunnenta tana La'ilaha illallahu, Sista na kan ƙirji tana ƙirga, in ta kai 30 sai ta ɗaga haɓar Auta ta toshe mata hanci ta hura mata iska a baki sau 2 ta koma.

Bayan kamar minti biyu zufa ta wanke ta duk da sanyin nan, ta kalle ni tace "Anti zo ki karɓe ni, hannuna ya fara mutuwa." Nace ban iya ba. Tace kin iya daka? Kamar lugude ne, da sauri ba tsayawa, ki danna sosai ki saki ya taso amma kar ki ɗage hannunki, kar ki ji tausayinta. Na miƙa wa Umma yaron na durƙusa. Wallahi jin ƙirjin ƙanwarka a ƙarƙashin hannunka yana wani ƙuƙus saboda ƙashin da ya tsage, ba abu ne da zan iya kwatanta muku ba, hawaye na zuba kan hannuna ina dannawa Sista na min tsawa "ƙara zurfi Anti, ƙara sauri, kafaɗarki ta hau kan hannunki!" Sai daga baya na san ma'aunin abin, danna 100 zuwa 120 a minti ɗaya, wato kusan biyu a kowace daƙiƙa, zurfin santimita 5 zuwa 6, kuma duk minti biyu a canji mai yi don ko ƙato ne ƙarfinsa raguwa yake bai sani ba. Shi yasa ma ta ce a sauko da ita, a kan katifa katifar kake dannawa ba zuciya ba.

Allah da ikonsa akwai wani bawan Allah mai a-kori-kura da yake sauke fiya wata a shagon bakin layinmu, almajirin nan ya jawo shi, mutumin ko musu bai yi ba ya watsar da sauran ledojin a ƙasa ya yo ribas har ƙofar gida. Sista ta tsara mu kafin a ɗaga, wa zai kama ina, tace in na ce ɗauka a ɗauka da gudu don duk dakatawar da aka yi jinin da muka tura ƙwaƙwalwa komawa yake. A tabarma muka ɗauke ta. A bayan motar nan muka ci gaba, ni da Sista muna karɓa-karɓa mota na jijjiga gwiwoyina na gurzar ƙarfe, Umma ta cire mayafinta ta yi mana labule da shi don mutane sun taru suna kallo, naji wani yana cewa subhanallahi gawa suke dannewa. Sa'ar da muka ci gidanmu ba nisa da babban asibiti, kuma Sista ta riga ta kira abokan aikinta a waya ta hannun ɗan Gwaggo, muna isa emajensi suna tsaye da gadon turawa.

Suka hana mu shiga amma ƙofar bata rufe duka ba. Na ga wani ya hau kan ƙirjin ya ci gaba da irin abin da muke yi, wata ta sa mata roba a fuska tana matsa wata jaka mai hura iska, wani na neman jijiya, aka manna mata wasu faifai biyu ɗaya a ƙasan ƙashin wuya ta dama ɗaya a gefen haƙarƙarin hagu, likita ya kalli allon na'ura yace kowa ya ɗaga hannu, kowa ya ja baya, jikinta ya zabura. Ina jiran ta buɗe ido kamar yadda muke gani a talabijin, ina, kawai komawa suka yi kan danna ƙirjin nan take, wasu minti biyun, aka yi mata allura, aka sake kallon allo, aka sake yi mata shokin lantarkin da ya zaburar da jikinta. Bayan na biyun da wani zagayen dannawa naga likitan ya sa yatsa a wuyanta ya daɗe, sai ya gyaɗa kai. Sista ta fito ta zame jikin bango ta zauna a ƙasa tace "Anti ta dawo." Ni dai sujjada na faɗi nayi a wurin, ko alƙibla ban duba ba.

Kwananta 3 a ɗakin kulawa ta musamman da bututu a maƙogwaro na'ura na taya ta numfashi, ba wanda ya mana alƙawarin komai, sun ce zuciya ta tashi saura a ga abin da ƙwaƙwalwa zata ce. A kwana na biyu ne likitan zuciya ya zaunar da ni da mijinta ya mana bayani da Hausa tiryan-tiryan, Allah ya saka masa da alheri. Yace mutane na haɗa abu biyu wuri ɗaya. Akwai toshewar jijiyar da ke kai wa ita kanta zuciya jini, wannan mutum na iya zama idonsa biyu yana riƙe ƙirji yana gumi yana magana. Akwai kuma tsayawar zuciya, ita matsalar lantarki ce, don zuciya tana da nata lantarkin da ke tsara bugunta, in ya rikice sai ta daina harbawa ta koma karkarwa kawai, jini ya tsaya cak, cikin daƙiƙu mutum ya faɗi. Fizgar da muka ce iska ce da jan numfashin nan da Umma ta yi wa hamdala duk alamun tsayawar zuciyar ne, ba numfashin gaske bane, kuma yace da shi ake yawan ruɗar mutane su tsaya jira.

Yace ƙwaƙwalwa in ta yi minti 4 zuwa 6 ba jini ta fara lalacewa kenan, kuma duk minti ɗaya da ya wuce ba a danna ƙirji ba damar rayuwa na raguwa da kashi 7 zuwa 10 cikin 100. Danna ƙirjin ba shi ke tada zuciyar ba yawanci, aikinsa ya riƙa tura ɗan jini sama ya riƙe ƙwaƙwalwa har a kai ga na'urar shokin, ita kuma na'urar tsayar da karkarwar take yi don zuciya ta kama bugunta na asali, shi yasa in layin allo ya riga ya miƙe ɗoɗar shokin baya amfani sai dannawa da allurar adiranalin duk minti 3 zuwa 5. Bai ɓoye mana ba, yace ko a Turai da motar asibiti ke zuwa da wuri, cikin mutum 10 da zuciyarsu ta tsaya a wajen asibiti kusan 1 ne ke rayuwa. Mijinta mayen ƙwallo ne sai yace likita irin abin da ya samu Eriksen kenan? Yace shi ne. Ɗan wasan Denmak ɗin nan da ya faɗi a fili ranar 12 ga Yuni 2021 suna wasa da Finlan, a take aka hau ƙirjinsa aka yi masa shokin, daga baya aka dasa masa ƙaramar na'ura a ƙirji har ya koma buga ƙwallo. Mijin ya yi shiru sai yace Allah ya jiƙan Okwaraji, namu da ya faɗi a filin wasa na Legas a 1989 ana wasa da Angola bai tashi ba.

Da aka yi mata hoton zuciya aka gano tushen abin, ciwon zuciyar masu jego ne, zuciyar ta buɗe ta yi laushi bata iya matsa jini. Yace lafiyayyar zuciya tana harba sama da kashi 50 na jinin da ke cikinta a bugu ɗaya, tata wajen 25 take. Kuma wai yankinmu na arewa yana cikin inda ciwon nan ya fi yawa a duniya, tun shekarun 1970 likitocin asibitin koyarwa na Jami'ar Ahmadu Bello a Zariya suka yi rubutu a kansa suna danganta shi da wankan jego da kunun kanwa, masu bincike na baya kuma irin na nan Kano suka duba wasu dalilan kamar hawan jini lokacin ciki da rashin abinci mai gina jiki da ƙarancin wani sinadari seleniyam. Amma abu ɗaya da ya jaddada, kanwa ’yar uwar gishiri ce tana tara ruwa a jiki, zuciyar da ta riga ta gaji in ka ɗora mata wannan ka ƙara mata kaya. Na tuna kofin da aka ƙara mata, ni ce ma nake dama shi. Ban faɗa wa Gwaggo wannan ba har yau, tsohuwar nan sati biyu tayi tana kwana a barandar asibiti a kan tabarma cikin sanyi.

Da ta farka abin da ta fara tambaya da ta iya magana shi ne "Yaya waye ya doke ni a ƙirji?" Haƙarƙari biyu ne suka tsage. Bata tuna ranar ba sam, har da kwana biyu kafin ranar sun goge, kuma wata da watanni tana mantuwa, ta ajiye abu ta rasa inda ta sa, amma ta gane kowa ta gane ɗanta. Nono dai ya tsaya aka koma madarar gwangwani, ta yi kukan wannan sosai. Tana kan magunguna har yanzu, na fitar da ruwa da na ƙarfafa zuciya, an rage mata gishiri, kanwa kuwa an yi sallama. Hoton da aka yi na baya-bayan nan ya nuna jinin da zuciyar ke harbawa ya haura kashi 40. Likita yace maganar wani cikin a jingine ta tukuna don yana iya dawo da ciwon fiye da da, mijinta ya fahimta, danginsa ne dai har yanzu ake ta fama, yaro ya yi wayo ba ƙani, kun san maganar mutane.

Ni kuma abin da ya hana ni bacci bayan an sallame ta ba ita bace, Babanmu ne. A 2014 ya faɗi yana alwalar asuba, a tsakar gidan nan dai, kusan wuri ɗaya. Mai hawan jini ne. Shi ma ya yi jan numfashin nan, muka ɗora shi a gado muka yi ta fifita da tofi muna jiran gari ya ɗan waye a samu mota, kafin nan jiki ya yi sanyi aka ja masa mayafi. Na yi imani kwanansa ne ya ƙare, wanda ya bar wa Auta sauran kwana shi ya tashi Sista daga bacci ya kuma tsayar da mai fiya wata a bakin layi. Amma an umarce mu da riƙo da sababi, kuma ranar Baba ba wanda ya riƙe ko ɗaya a cikinmu saboda ba wanda ya taɓa nuna mana. Mu da muka iya wankan gawa da ɗinkin likkafani tun muna ’yan mata.

Shi yasa da aka koma makaranta na nemi inda ƙungiyar agaji ta Red Cross ke koyar da taimakon gaggawa na je na koya a kan mutum-mutumin roba. A nan na ga ƙaramar na'urar shokin mai magana da kanta, kana manna faifan ita zata duba zuciyar ta faɗa maka ka danna maɓalli ko kar ka danna, irin wadda ake ratayewa a filayen jirgi da manyan kantuna a ƙasashen waje. Na zauna ina lissafa masallatan Juma'a da kasuwannin garin nan, Kwari, Sabon Gari, Kurmi, dubban mutane kullum. Malamin ya kuma ce in baka iya hura iska ba ko kana ƙyanƙyami, ka danna ƙirjin kawai ba tsayawa, ya fi tsayawa kallo nesa ba kusa ba, kuma in mutum suma kawai ya yi da ka fara zai motsa ko ya ture ka sai ka bari. Yanzu ranar Asabar bayan an tashi daga Islamiyyar matan unguwarmu nakan roƙi minti goma, mu ajiye filo mai tauri a ƙasa kowa ta gwada. Tambayar da suka fi yi ita ce in namiji ne ba muharrami ba fa, ko mace ta faɗi ba kowa sai maza? Malamarmu ce ta amsa musu da kanta tace lalura ce, ceton rai yana gaba.

Kwanakin baya da daddare ina gidan, Auta ta zo da yaron sun yi bacci, Umma ta shigo ɗaki da filo a hannu tace "nuna min abin nan da kike koya wa mutane." Nace Umma gwiwoyinki fa. Tace ke dai nuna min. Ta durƙusa da ƙyar tana dafa gado, na gyara mata hannu na miƙar mata da gwiwar hannun, ta fara dannawa tana ƙirgawa a hankali, nace ki ƙara sauri Umma kamar lugude. Ta kai wajen ashirin sai ta tsaya tana haki, bata kalle ni ba tace "ranar Malam, mun kai minti nawa muna fifita?"

Na kasa ce mata komai. Ta gyara zaman hannunta a kan filon ta faro daga ɗaya.